Sun sace mini karin madihu

Daren Laraba, watan Maulidi

Yau a hawasha, wato gonata, Hajja Kaltume ta tare ni, ta manna mini tilifon a kunne. Karin madihun da nake rerawa duk Maulidi ne, amma 'yan ta'adda sun cire yabon Annabi sun zuba kiran yanka mutane. Sun ƙara masa sauri har muryar ta koma ta yara, suka ɗora hoton gonar auduga, suka rubuta "maganin tsutsa", don kada masu goge irinsa a intanet su gane. Nawa na gaskiya kuwa tun bara aka goge shi, wai ya yi kama da na 'yan ta'adda.

Ta ce, "Ya Haj, da wannan ɗana Usmanu yake kwana kafin ya bi su. A bakinka ya fara son shi."

Na ce, "Ɗanki dama kunnen ƙashi gare shi. Ko kukan jaki ya ji, binsa zai yi." Ta ja mayafi ta tafi. Ban kira ta ba.

Na rataye bandirina. Amma ɗazu ina alwala na ji bakina yana rera karin, kuma kalmominsu ne suke fitowa.