Yanar da Inna ta share

Zuwa ga Yaya Lado, Sandamu.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, ina fatan kana lafiya, da Adawiyya da yara. Yaya ƙafar Inna? Ni lafiya lau, sai dai sanyin Jamus, shi ma na fara sabawa.

Saƙonka ya iso. Na ji Inna ta share bayan rumbu saboda Sallah, wai yanar gizo-gizo tsiya take jawo wa gida. Yaya, wannan yanar mai zagaye kamar faifai ita ce karatuna na shekara uku. Malamina ya bincika littattafai bai samu irin gizo-gizon da ke saƙa ta ba. Mace ɗaya tak gare ni a kwalba, kuma ya ce ba zai yarda sabon iri ne ba sai ya ga namijin. Shi kuwa namijin bai fi ƙwayar gero ba, a gefen yanar macen yake raɓewa. Shi na roƙe ka ka kama mini.

Saura wata biyu wa'adin karatuna ya cika. Don Allah ka duba jikin darni da gindin tsamiya, ko da yake na san an yi feshi a wajen bana. Ban sa rai ba.

Kada ka nuna wa Inna komai, ba ta sani ba. Sunanta na yi niyyar raɗa wa gizon, ya shiga littafi. Ka ce mata karatu yana tafiya daidai, ta ci gaba da sa mini albarka.

Ƙanwarka,
Haulatu