Tafiyar Kurciya

Yaya,

Bayan gaisuwa mai yawa, ya ƙarfin jiki? Albishirinki! Littafin yaran da kika rubuta a kan 'yarki marigayiya Kurciya ya shiga hannun masu zane. Shekara goma sha biyu ina mayar da littattafan mutane fim ɗin katun, sai yanzu na taɓa na gida. Sun zana ta da jan takalminta, har da wushiryar nan.

Matsala ɗaya ce. A nan sau ɗaya ake zana tafiyar yaro, sai a ɗora wa duk yaran fim ɗin. Ɗingishin Kurciya kuwa sai an zana shi daban, taku bayan taku, ga shi wata biyu ya rage mana. Shi ya sa na cire shi daga labarin. Na san za ki fahimta.

Ƙaninki,
Auta

Auta,

Na amsa gaisuwarka. Ban fahimta ba. Asibiti huɗu na kai yarinyar nan ba su miƙar da ƙafarta ba, kai ka miƙar da ita da biro. Sannu, likita!

Ka san ko bidiyonta ɗaya ba mu da shi. Ba don a kira ni marubuciya na yi littafin ba. Na yi shi ne don kada in manta takunta a baranda, ƙafa ɗaya ta sauka, ɗaya ta biyo a jaye. Kai kawunta ne, kai ka riƙa goya ta zuwa makaranta. Ka mayar mata da tafiyarta.

Allah ya yi maka albarka.
Yayarka

Yaya,

Ina gaisuwa, kuma ki gafarce ni da shirun da na yi. Na roƙi darakta har ya yarda a gyara wuri ɗaya, inda take hawa baranda. Mai zanen ta ɗauki alƙalami ta ce, "Malam, wace ƙafar ce?" Wallahi Yaya, na kasa tunawa. Na duba littafin, ba ki faɗa ba. Kwana tara ina ɗaukar waya ina ajiyewa, kunya ta hana ni tambayarki, har aka rufe aikin ba a gyara ba.

Ga fim ɗin nan na aiko. Na tsani kaina.

Ƙaninki,
Auta

Auta,

Ta hagu ce.

Na ce ba zan kalla ba, amma na kalla har sau bakwai, don fuskarta ce. Jiya na zauna a baranda na rufe ido, ina neman takun nan. Sai na gan ta tana gudu kamar sauran yara. Na yi, na yi, takunta na ainihi bai dawo ba.

Kada ka sake aiko mini da komai. Ka huta lafiya.

Yayarka