Lawashin Matan Aliero

Jega, 3 ga Maris

Zuwa ga Innata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kina lafiya, da duk mutanen Dangamaji. Zinatu ƙanwata, na san ke za ki karanta wa Inna wannan, to kada ki tsallake mini layi ko ɗaya.

Saƙonki ya iso, Inna, kuma raina ya ɓaci matuƙa. Wai kin hana ni zuwa taron manoman albasa na Maiyama don Yaya Mubarak ya ce ina tozarta shi. Bari ki ji abin da ya ɓoye miki. Tun zamanin kakanninmu, matan da ke yankan albasa a gonakin Aliero su ke da lawashin da suka yanke. Su daka, su mulmula gabu, su shanya, da shi suke miya, da shi suke rufa wa kansu asiri. Bana Yaya ya ce lawashi na mai gona ne, ya loda a mota ya kai kasuwa. Sauran manyan manoma suka bi sahunsa.

Na yi furfura ina koyar da tarihi a jami'a. Na zauna kan tabarma da tsofaffin garuruwan nan har na rubuta littafi a kan aikin mata a gona. Abin da na gano shi ne, da gumin ma'aikaci mai gona yake arziki, a cikin ma'aikatan kuma mace ake fara takewa. Don na faɗi haka ake ce mini 'yar gurguzu, kamar wata cuta. Na amsa sunan.

Dattawan taron sun ce ba za su saurari matan ba sai in Farfesa ta zo ta yi magana da yawunsu. Ni suke jira. Don Allah ki janye umarninki.

'Yarki,
Murjanatu

Jega, 12 ga Maris

Inna,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, da fatan kin tashi lafiya.

Kin aiko cewa in na taka Maiyama ba ki yafe mini nonon da na sha ba. Ranar taron na shirya tsaf, makullin mota a hannuna, na koma na zauna.

Iklima, shugabar matan, ita ta kwashe su a kan kabu-kabu suka tafi. A waje aka bar su cikin rana, aka ce mata ba sa shiga taron maza babu wakili. A ciki aka yanke cewa daga yau lawashi na mai gona ne. Washegari Yaya ya kori Iklima daga aiki a gonarsa, ga marayu a gabanta.

Jiya ta zo gidana. Da ta zage ni, da na ji sanyi. Gaishe ni ta yi da ladabi, ta tambaya ko rashin lafiya ce ta hana ni zuwa. Na ce a'a. Ta miƙe ta tafi, ko ruwan da na kawo mata ba ta taɓa ba.

Na bi umarninki, albarkarki tana nan tare da ni. Ki gaya wa Yaya ya ci nasara. Ni kuwa tun da kika haife ni ban taɓa jin haushinki ba sai yanzu, kuma wallahi ban san yadda zan yi da shi ba.

Ki huta lafiya.

'Yarki,
Murjanatu