Garin da Baba Ya Gina a Kwamfuta

Zuwa ga Yaya Kabiru,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa irin wadda ta kamata ƙanwa ta yi wa yayanta, ina fata kana lafiya, kai da iyalinka da sanyin ƙasar da ka zaɓa. Mu nan Unguwar Dosa muna nan yadda ka bar mu, in ka cire tsufa da ciwo.

Na san ranka zai ɓaci da ka ga na saka wannan a fili inda kowa zai karanta. To ya ɓaci. Na tura maka saƙo a ɓoye har na gaji. Alama tana nuna ka buɗe, amma abin da yake dawo min shi ne hoton babban yatsa. Yaya, ni ban san ciwon da babban yatsa yake warkarwa ba. Tunda na lura ka fi jin kunyar baƙi a kan ta 'yan gidanku, bari in yi maka magana a gabansu.

Ka san ɓarin jikin Baba na dama ya shanye tun bayan ƙaramar salla, don na gaya maka. Abin da ba ka sani ba, saboda ba ka tambaya ba, shi ne harshensa ya yi nauyi. Kalma ɗaya sai ya yi ta kokawa da ita kafin ta fito. Likita ya ce mu samo masa abin da zai riƙa motsa hannunsa da tunaninsa, abin da yake so da kansa, kada mu tilasta masa. Muka tambaye shi. Ya daɗe yana ƙoƙari, sannan ya ce, "Garina."

Mama ta fashe da kuka. Ita a zatonta ƙauyensu yake nufi, wato a mayar da shi gida ya cika a can. Har ta fara maganar mota. Ni ce na ga inda yake kallo: kusurwar falo, inda tsohuwar kwamfutar nan take lulluɓe da zanen gado, da kwanukan Mama a kanta.

Kai ka san garin. Waɗanda suke karantawa ne ba su sani ba, don haka ka yi haƙuri in maimaita maka abin da kake so ka manta.

Baba ya ƙare aikinsa ne a ofishin tsara gari. Ya zana tituna da magudanan ruwa da ba su ƙirguwa, kusan dukkansu sun tsufa a cikin durowa. Kowace damina idan ruwa ya shiga gidajen mutane a Badarawa, sai ya dawo gida ya ƙi cin abinci, kamar shi ya aiko ruwan. Ana nan sai kai ka shigo da wani wasan kwamfuta daga kasuwa, faifai biyu a cikin leda, an rubuta lambar buɗewa da alƙalamin maka a bayan na farko. Wasan gina gari ne: a ba ka fili, ka shimfiɗa titi, ka ja ruwa da wuta, mutane su zo su zauna. Don kanka ka saya. Baba ya leƙo ta kafaɗarka ya ga ka dasa gidaje a bakin kogi ba magudana, ya ce tashi. Daga ranar kujerar ta zama tasa.

Kullum bayan la'asar yana kai. Ya yi kogi ya ratsa tsakiyar gari, ya ɗora masa gadoji. Ya yi unguwar Kawo da ba cunkoso. Ya yi Badarawa mai faɗin titi har da itatuwa. Kafin ya ajiye gida ko ɗaya sai ya gama ramin ruwa, yana cewa, "Magudana tukuna, gini daga baya." Idan ya gama wata unguwa sai ya ƙwala mana kira mu zo mu gani, Mama da ludayi a hannu tana cewa ita ba ta ga komai ba sai 'yan akwatuna. Ban taɓa ganin mahaifinmu yana dariya har haƙoransa na ciki su fito ba sai a gaban wannan allon.

Bayan ka tafi ya daina. Muka ce ido ne. Muka ce kewa ce. Shi kuwa ya sa aka rufe kwamfutar.

To da ya ce garinsa yake so, wa zan nema in ba kai ba? Kai ne masanin kwamfuta na gidan nan, da ita kake cin abinci a can. Na rubuta maka cewa ga abin da Baba ya roƙa, ka taimaka min da yadda zan tayar da wasan. Ka amsa, wannan karon da kalmomi, na yaba maka. Ka ce wasan ya tsufa, in saukar masa da wani a waya. Yaya Kabiru, Baba bai ce wasa yake so ba, garinsa ya ce.

Sai na ɗaura ɗamara, ni malamar firamare da iyakacin sanina shi ne buga jarabawa.

Tsohuwar kwamfutar ko tari ba ta yi ba da na kunna ta. Na kai ta wajen wani mai gyara a Badarawa, ya ce ta mutu, amma rumbun ajiyarta yana da rai. Ya ciro min shi ya saka a wani ɗan gida mai igiya, yadda zan iya haɗa shi da laftof ɗina. Laftof ɗin kuma ba ta da wurin saka faifai, na zamani ba sa zuwa da shi, sai da na aro na waje a makarantarmu.

Faifai na farko na same shi a cikin jakar takardun Baba, duk ya karce. Na wanke shi, na goge da man goge baki da tsumma mai laushi, daga tsakiya zuwa baki kamar yadda aka nuna min, ya karantu. Ina murna, ɗora wasan a laftof ya kai rabi, sai kwamfuta ta ce in saka faifai na biyu. Na juye gidan nan kaf. Ka san inda yake? Ƙarƙashin gadon Mama. Shekara da shekaru a kansa take ɗora maganin sauro mai hayaƙi, don kada toka ta ɓata mata ledar ɗaki. Tsakiyarsa ya narke ya lanƙwashe. Da na nuna mata sai ta ce ai ta ga biyu ne iri ɗaya, ta ɗauka ɗaya ya isa. Ban iya yi mata faɗa ba. Kai na zaga a raina, don kai ne ya kamata a ce kana tsaye a wurin.

Na tuna Alhaji Sani, abokin aikin Baba da ya yi ritaya ya koma Katabu, ya taɓa kwafar faifan a wajenmu. Na hau mota na je. Tsohon nan da sandarsa ya shiga ɗaki ya yi ta bincike har ya fito da shi, ya kuma ce lallai sai ya biyo ni ya duba Baba. Mutumin da ba jininmu ba ke nan.

Na dawo na sake farawa. Ɗorawa ta ƙare, na danna, shiru. Na sake dannawa, allo ya yi baƙi ya dawo. Ashe sabuwar kwamfuta ba ta san yaren tsohon wasa ba, sai an shiga saitinsa an ce mata ta ɗauke shi kamar a tsohon tsari yake, a kuma ba shi cikakken izini irin na mai kwamfutar. Na yi. Sai ya ce wani fayil ya ɓace. Na gano manhajar kashe bairos ce ta kama shi ta kulle, wai ba ta yarda da shi ba. Na sako shi, na goge komai, na sake ɗorawa a wata folda dabam da na buɗe da kaina. Ya tashi, amma hoton ya miƙe ya baje, mutanen ciki kamar an taka su, rabin maɓallan sun fita daga allo. Na rage girman hoton zuwa irin na da, mai kusurwa huɗu. Sauti ya zo yana kakari, shi ma na bi shi. Ana cikin haka a ɗauke wuta, batirin laftof ɗina kuma ba ya riƙe caji. Duk abin nan da ya ci min makonni, na san kai kafin shayinka ya huce ka gama shi.

Ranar da kiɗan buɗe wasan ya tashi a falo, Baba yana ɗaki, amma ya ji. Mama ta ce ya ɗaga hannun hagu yana nuna ƙofa.

Saura garin kansa. Na shiga tsohon rumbun, na bi folda bayan folda har na sami inda wasan yake ajiye aikin mutum. Fayil ɗaya ne tak. Baba bai taɓa sanin ana iya ajiye gari da suna biyu ba, kai ka koya masa ya riƙa danna wuri ɗaya kullum, ka ce ya fi masa sauƙi. Na kwafo shi na saka a mazauninsa. Allah ya sa ni kaɗai ce a falon da na buɗe.

Toka, Yaya. Gari gaba ɗaya toka. Gadoji sun karye sun faɗa kogi. Badarawar Baba tana ƙarƙashin ruwa. Inda kasuwa take, rami ne. Na zaci fayil ɗin ne ya lalace, har na fara neman yadda ake gyarawa, sai na ga wasan yana da wani sashe da mutum zai iya aika wa garinsa bala'i da hannunsa: gobara, ambaliya, girgizar ƙasa. Ba ɗaya aka aika ba. An bi su ne ɗaya bayan ɗaya, aka jira suka gama, sannan aka danna ajiyewa a kan fayil ɗin da babu wani sai shi.

Kwamfuta tana rubuta ranar da aka taɓa fayil a ƙarshe. Hantsin ranar da ka tafi ne.

Ina tuna hantsin nan. Kwana biyu kafinsa kun yi cacar baki da Baba, yana so ka tsaya ka yi aiki a gida, kai kuma ka ce masa ba za ka ƙare kamar shi ba, mai zana titin da ba wanda zai taka. Duk da haka da safen ya tafi kasuwa da kansa ya sayo maka kilishi da yaji na guzuri. Ni ina ɗaki ina goge maka kaya. Kai kana falo a gaban kwamfuta, ka ce takardunka kake kwafa. Baba ya dawo, ka durƙusa, ya dafa kanka ya sa maka albarka, ka karɓi kilishin.

Wato washegari da la'asar ya zauna ya buɗe garinsa don ya rage kewarka, ya tarar da wannan. Ya rufe, bai gaya wa kowa ba. Duk lokacin da ka kira, a shekarun da kake kira, da fara'a yake amsa maka. Wallahi da na gane haka sai da na fita tsakar gida, don ji na yi zan iya fasa laftof ɗin. Na tsane ka a ranar, kuma ba zan yi maka ƙarya in ce ya wuce ba.

Na so in ɓoye. Na yi tunanin in ce masa fayil ɗin ya ɓace, mu buɗe sabon fili. Amma ya riga ya ji kiɗan, kuma Baba bai taɓa son a raina masa hankali ba, balle yanzu da kowa yake magana a kansa kamar ba ya wurin. Na turo kekensa na marasa lafiya gaban tebur, na buɗe, na tsaya a bayansa.

Bai yi mamaki ba ko kaɗan. Ya kalli tokar nan a hankali, unguwa bayan unguwa. Na sa masa linzamin kwamfutar a hannun hagu, na ce Baba, mu share mu fara sabo, ni zan taya ka. Ya ture hannuna. Ya yi ta fama da bakinsa, jijiyar wuyansa ta tashi, har maganar ta fito:

"Bar shi. Sai Kabiru ya zo. Tare za mu gyara."

Ka ji. Ashe ba don ya ga gari ya sa ni wannan wahalar ba, ya san abin da ke ciki. So yake idan ka shigo ka tarar da aikin a buɗe yana jiranku, don kada ka sha wahalar neman ta inda za ka fara ba shi haƙuri.

Yanzu kullum bayan la'asar sai ya sa a kunna masa. Ba ya taɓa komai. Hannun da likita ya ce ya riƙa motsawa yana kan cinyarsa. Ya sa Mama ta ajiye kujera ta biyu a gefensa, ranar da na zauna a kai ya harare ni har na tashi. Jikinsa kuma ba gaba yake yi ba, Yaya. Abincinsa ya ragu, barcinsa ya ƙaru, likita ya fara yi mana irin maganar da ake yi a hankali a bakin ƙofa.

Kai ne ka goya ni ranar da na taka kwalba a layinmu, ka ruga da ni asibiti ba takalmi a ƙafarka, kana kuka fiye da ni. Wannan yaron nake nema. Na san yana nan a wani wuri a cikinka, kuma ina zaton kunya ce ta hana shi ɗaga waya, ba rashin ƙauna ba. In haka ne, ka sani wanda ka yi wa laifin ya daɗe da sauke shi. Ni ce ban sauke ba, ni kuma ba sai ka damu da ni ba, ka zo ka wuce ni a zaure ko gaisawa kada mu yi.

Duk abin da ake iya gyarawa daga nan na gyara. Wanda ya rage ba ya karɓar hannuna.

Allah ya ba Baba lafiya, ya sa ciwon nan ya zama kaffara. Allah ya ba Mama haƙuri. Allah ya sassauta zuciyata a kanka, don ni na kasa. Kai kuma Allah ya kawo ka gidan nan a lokacin da za ka zauna a kujerar, ba lokacin da za ka zauna a tabarma mutane suna miƙo maka hannu ba.

Wassalam.

Ƙanwarka, ko ka amsa ko ka yi shiru,
Rukayya