Daga Zaure Zuwa Tasha

Yaya Huraira,

Gaisuwa mai yawa daga Kaduna, da fatan kina lafiya, ke da yara. Tunda waya ba ta shiga a Birnin Gwari, ga takarda ta hannun Jaji direba.

Na haihu, ba ki zo suna ba. Na kwanta asibiti, shiru. An ce tun da kika fita takaba ba ki ƙara taka ƙofar gida ba, har ana ba da misali da ke a wa'azi. To, madalla. Amma zumunci a ƙafa yake. In kin yafe ni ne, faɗa mini in san inda dare ya yi mini.

Ƙanwarki,
Zulaiha

Zulaiha,

Ina amsa gaisuwa, ya jikin naki?

Ba ustazanci ba ne, tsoro ne. Tun ranar da aka kawo gawar maigidana Abdulƙarim daga hanyar Kusasu, da na kai zaure sai numfashi ya ɗauke, ƙafa ta ƙi. Ranar sunan na ci ado, na rungumi turmin atamfa, na zauna a zaure har la'asar. Da aka fara yabona, kunya ta hana ni magana. Na ɗauka na zautu ne.

Shekaranjiya maƙwabta suka shigo kallon wasan kwaikwayo a talabijin. Aka nuna wata mata ta riƙe ƙyauren gida, jikinta na rawa. Suna ta dariya wai iskoki ne, ni kuwa sai hawaye. Likitan cikin wasan ya ce ciwo ne, kuma ana warkewa. Ashe ba ni kaɗai ba ce!

Yayarki,
Huraira

Yaya,

Barka da war haka. Ki yafe mini, wallahi na sha kuka, amma hankalina ya kwanta. Na tambayi Grace, nas ɗin da ke maƙwabtaka da mu. Ta ce gaskiya ne, ki riƙa ƙara taku kaɗan kullum kafin in zo mu ga likita.

Ki dage fa. Yaron ya fara tsayuwa, kada ya riga ki tafiya.

Taki,
Zulaiha

Zulaiha,

Gaisuwa da fatan alheri. Daga zaurenmu zuwa tasha taku ɗari biyu da goma ne. Sau uku na tsaya, na kusa juyawa. Wannan takardar ni na miƙa wa Jaji da hannuna.

Ki gaya wa ɗanki na riga shi.

Allah ya sada mu da alheri,
Huraira