Bindigogin da Suka Dawo

Juma'a, 13 ga Yuni, 2025

Ruwa ya sauka jiya har ƙasa ta jiƙa sosai. Ba wanda ya fita shuka. Gonakinmu na bayan rafi, mutanen daji kuma na tsakaninmu da su. Damina ta biyu ke nan.

Rediyo ta ce Isra'ila ta kai wa Iran hari don kada ta ƙera bam na nukiliya. Na tambayi liman, su masu harin ba su da irinsa? Ya ce ana dai cewa suna da shi. To. Na kashe rediyon.

Litinin, 16 ga Yuni

Alhaji Tajuddeen, shugaban kwamitin sulhu, ya zo daga Bungudu har maƙerata. Wai an daidaita: mutanen daji za su miƙa bindigoginsu, mu miƙa namu, sai a bar mu mu yi shuka. Suna son wanda ya san ƙarfe ya duba na mutanen dajin, ya dangwala yatsa cewa na gaske ne. Wai ni. Ni Tambaya Maƙeri da ban taɓa shiga aji ba, sai ɗan ajamin ga da nake karcewa.

Na tuna mishi sulhun shekara shida da suka wuce. Bindiga talatin da ɗaya muka bayar, na lissafa mishi masu su da sunan ubanninsu. Wata huɗu aka yi, suka dawo suka same mu hannu wofi. Ya ce, "Baba, wannan daban ne." Alhajin da ya kawo wancan sulhun ma haka ya ce, a kan dutsen nan da ya zauna.

Zan je. Ba don shi ba, ina son in gani da idona.

Laraba, 18 ga Yuni

Bara'atu, matar marigayi ɗana Mannir, ta fito da irin gero ta duba ta mayar. Sau uku yau.

Alhamis, 19 ga Yuni

Bungudu.

Sun shimfiɗa bindigogin a kan tabarma, guda goma sha huɗu, ga masu ɗaukar hoto, ga ruwan leda. Babu ko ɗaya irin wadda aka harbi Mannir da ita a gona, mai zubo harsashi ba tsayawa. Duk baushe, ƙirar gida. Na ce bari in duba tukuna.

Na juya ta farko. Tsaga uku a gindin kunama. Alamata ce, ubana ya bar mini ita, duk bindigar da ta fita daga hannuna tana da ita. Ta Bashiru Dogo ce, na gane ƙotar, ni na ɗaure ta da waya lokacin da jaki ya taka ta. Na juya ta biyu, ta uku. Goma ƙirata ne. Tara daga cikinsu mu muka miƙa su a wancan sulhun, a wannan garin, aka ce za a kai su ajiya a kulle. Yau ga su sun fito daga daji. Wa ya buɗe, wa ya sayar, Allah ya sani. Ta goman na san ta ita ma, amma ba ta cikin waɗanda muka bayar. Ban tsaya tunaninta ba.

Na faɗa da ƙarfi, kowa ya ji. Alhaji ya ja ni gefe yana raɗa, wai kada in kunyata shi gaban baƙin Gusau, abin da ake so alama ce ta kyakkyawar niyya. Na ce alama kam na gani, tawa ce. Ya miƙo tawada. Na sa hannu a aljihu na fito neman mota.

Juma'a, 20 ga Yuni

A masallaci sahu ya yi mini faɗi. Wanda ke damana ya matsa, na hagu ma haka. Bayan sallama wani ya ce taurin kan tsoho zai sa gari ya kwana da yunwa. Ban waiwaya ba, na san muryar, ni na yi wa ubansa garma.

Salisu shugaban 'yan sa-kai ne kawai ya riƙe hannuna yana cewa na yi daidai, kada in yarda. Ban ji daɗin yabonsa ba, ban san dalili ba.

Lahadi, 22 ga Yuni

Yau Amurka ce ta kai wa Iran nata harin. Mai bayani a rediyo ya ce ƙasashe tara ake lissafawa da makaman ƙare dangi, akwai kuma hukumar da ke aika masu dubawa su leƙa ɗakunan waɗanda ba su da shi. Ashe sana'ar da Alhaji ya ba ni ke nan. Mai babba ya ɓoye tasa, a tara mutane a ƙirga ta talaka. Da zan ga ɗaya daga masu dubawan nan da na tambaye shi ko shi ma an taɓa jan sa gefe.

Na faɗa wa Bara'atu haka tana tankaɗe. Ba ta yi dariya ba. Ta ce, "Baba, gaskiyarka ce. Amma in aka kwana goma ba a shuka ba, geron bana ya wuce, kuma yaran Mannir ba gaskiya za su ci ba."

Ba ta taɓa mayar mini da magana ba sai yau.

Talata, 24 ga Yuni

Da hantsi Arɗo Isma'ila, dattijon rugar Fulani, ya zo, shi kaɗai da sandarsa. Shekara arba'in ina yi mishi wuƙa da kan gatari, matarsa na kawo mana nono. Rabona da shi tun kafin a kashe Mannir. Ban ba shi tabarma ba. Ya zauna a ƙasa.

Na zazzage mishi duka. Na ce yaranku sun kashe mini ɗa yana riƙe da fartanya, yanzu kun kawo mana tsofaffin bindigoginmu kuna mana dariya. Bai musa ba. Ya ce taran nan saye yaran suka yi, kuma manyan bindigogin ba za su fito ba, shi kansa ba ya iya sa su, yaran da ya yi wa suna yau ba sa gaishe shi. Abin da ya samu ya tattaro, don matan rugarsu su iya shiga kasuwa.

Sai ya ce ta goman shi ya sa ta da hannunsa, don ya san ni za a kira.

"A gefen Shu'aibu na tsince ta, Tambaya. Hanyar Rawayya, shekara uku. Kanwa ya je saye wa shanu."

Shu'aibu autansa ne. Mai ɗan tsamin baki, wanda ba ya iya kallon mutum ido da ido don kunya. Ban san ya mutu ba. Ni da ake zuwa tambayata ranar da kowa ya rasu a ƙasar ga.

Bindigar ta Salisu ce. Shekara uku da suka wuce ya zo ya ce ta faɗa rafi, na ƙera mishi wata, har na rage mishi don yana tsaron gari.

Arɗo bai nemi komai ba. Ya tashi ya kaɗe rigarsa. Na ce a kawo mishi ruwa, ya riga ya kai bakin hanya.

Laraba, 25 ga Yuni

Ban hura wuta ba. Ciwon baya.

Alhamis, 26 ga Yuni

Ni ban aiki kowa ya tare hanya ba. Don birai da gyado na fara ƙira, daga baya don tsaron gida. Su suka fara. Haka ne, su suka fara. Na rubuta shi sau biyu, bai zauna ba.

An tsagaita wuta can, in ji rediyo, kowa na cewa shi ya yi nasara, Iran kuma na maganar rufe wa masu dubawa ƙofa. Ban ga laifinta ba, ban kuma ga inda hakan zai kai su ba.

Asabar, 28 ga Yuni

Na aika wa Alhaji: ba zan dangwala wa ƙarya ba, ba zan ce waɗannan ne makaman daji ba. Amma a kawo su maƙerata, sha huɗunsu da sha huɗu namu, ɗaya bayan ɗaya, in sare su gaban kowa. Abin da na sare shi zan sa wa yatsa. Babu ajiya, babu kulle. Sauran namu suna nan sai ranar da manyan suka fito.

Ya yi ta faɗa a waya, wai ana buƙatarsu a Gusau don taro. Na ce ya kai guntayen, su ma suna hawa hoto. Wallahi da a gabana yake da ya sha fiye da haka.

Litinin, 30 ga Yuni

An yi. Tun safe har la'asar, wuta da guduma. Arɗo da dattawansa uku a gefe ɗaya, mutanenmu a ɗaya, ba mai kallon wani. Ashirin da takwas, ashirin da huɗu aikina ne. Kowace sai da na faɗi sunan wanda na yi wa ita kafin in ɗora ta a uwar maƙera, ban san me ya sa ba, bakina ne ya yi ta yi. Da na zo kan ta goman na faɗi sunan Salisu kamar sauran. Yana tsaye. Ya kalli ƙasa. Na ce ya kawo ta hannunsa ma, tana cikin sha huɗunmu. Ya daɗe kafin ya miƙo.

Na dangwala. Alhaji ya ce Allah ya yi albarka, na juya na tattara guntayen.

Talata, 1 ga Yuli

An shuka gonakin bakin rafi. Na nesa ba wanda ya yarda ya je. Bara'atu ta dawo ƙafa duk laka, ta ajiye mini fura.

Ban yarda da sulhun ga ba. Manyan bindigogi na can inda suke, a dajinmu da ƙasashen da rediyo ke faɗa. In sun dawo bayan wata huɗu, a tuna na faɗa.

Alhamis, 3 ga Yuli

Salisu ya biyo ta bayan gida da rana tsaka, lokacin da mutane ke gona. Yana son sabuwa, a ɓoye. Ya ce ni da kaina na ce za su dawo, in sun dawo da me zai tare su? Ya ce in tuna Mannir.

Ina tune da shi, ba sai an tuna mini ba. Maganarsa kuma ba ƙarya ba ce, shi ya fi ba ni haushi.

Na ce mishi ƙarfen bututu ya ƙare, ba a samunsa yanzu. Ya tsaya yana kallona, ya tafi.

Akwai bututu guda huɗu a bayan rumbu, masu kyau. Ciwon bayan ne dai har yau bai sake ni ba.