Kunnen Tagulla

Daga Kombo, a Tudun Chumvi,
zuwa ga ƙanwata Mwanaidi, a tsibirin Mkungu.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kina lafiya, ke da ɗanmu Pandu da iyalinsa.

Na san shekara uku ke nan ba ki son jin sunana. Amma masu kawo busasshen kifi sun gaya mini Pandu ya gama sassaƙa jirginsa, za a saka shi a ruwa ranar Alhamis ta sama. Alfarma ɗaya nake nema. Idan Vuai mai gwajin jirage ya manna Kunnen Tagulla a jikin jirgin zai gwada katako, ki yi shiru. Kada ki yi waƙar rakiya sai ya ɗauke shi.

Allah ya bar zumunci.
Yayanki, Kombo.

*

Kombo,

Wa alaikumus salam. Muna lafiya, tunda ka tambaya.

Kai, amma ba ka da kunya! In yi shiru? A tsibirin nan ka girma, ka sani sarai tun daga fitowar jirgi daga rumfa har ya taɓa ruwa, uwar mai jirgi ko matarsa tana dafe da katakon tana waƙa. Wadda ta katse, cewa ake yi baki ta yi wa jirgin. So kake a nuna ni da yatsa, a ce ga wadda ta yi wa ɗan cikinta baki?

Ko ka manta ne in tuna maka? Kai ka manna Kunnen Tagulla, kwanon nan na Baba, a jirgin mijina Faki. Kai ka barbaɗa baƙin yashi mai ji a kan fatar da ke bakin kwanon, ka buga katako da guduma sau uku. Yashin ya taru ya yi zobe, ka ɗaga kai kana washe baki ka ce wa jama'a, “Zobe ne, ba tsaga ko ɗaya!” Kwana tara tsakani jirgin ya rabe biyu a ruwan da ko iska babu. Ko hularsa ba a kawo mini ba.

Dattawa sun ƙwace Kunnen sun ba Vuai, sun kore ka. Ni a wurina sun yi maka da sauƙi. Zan yi wa ɗana waƙa har muryata ta dishe, ka ji ka sani.

Ka huta lafiya.
Mwanaidi.

*

Ƙanwata,

Bayan gaisuwa. Na karanta, kuma ban ga laifinki ba. Na so ki yi abin da na roƙa ba tare da kin ji dalili ba. Tunda abin bai yiwu ba, ga shi.

Baba bai taɓa gwada jirgi a bakin ruwa ba. A cikin rumfa yake yi, kwana ɗaya kafin biki, ya kori kowa, har kaji. Mun ɗauka rowar sani ce irin ta tsofaffi. Da ya rasu sai na ce me ya sa za a ɓoye abin burgewa? Ni na mayar da gwajin ranar biki, a gaban jama'a, don a tafa mini. Son a sani ne kawai, ba wani abu ba.

Bayan an kore ni na ƙera wani ƙaramin Kunne da ragowar yashin da ke aljihuna. Wata rana na manna shi a wani katako da na san ruɓaɓɓe ne, yashin ya watse kamar yadda ya kamata. Sai matar maƙwabcina ta zo ta jingina da katakon tana kankare kwakwa tana waƙa. Ina kallo yashin ya dawo ya haɗa zobe. Na gwada sau ashirin, Mwanaidi. Yashin nan ba ya bambance amon katako da muryar mutum, wanda ya fi daɗi shi yake bi. Ranar jirgin Faki hannunki yana kan katakon, kuma duk tsibirin ba mai murya irin taki.

Shekara biyu ina riƙe da wannan. Na gwammace ki tsane ni da ki san shi. Na aika wa Vuai, ya ce sambatun korarre ne, kuma yadda ya ga ina yi haka yake yi. Ke kaɗai kika rage.

Ki yafe mini in za ki iya.
Kombo.

*

Yaya,

Salamu alaikum.

Na yi shiru. Vuai na ɗaga guduma na ɗauke hannuna na rufe bakina. Mata suka hau salati, surukata matar Pandu ta fashe da kuka. Pandu ya ce, “Mama, me na yi miki?” Ni dai idona yana kan yashin.

Yashin ya watse. Aka duba, aka sami tsaga a ƙashin bayan jirgin, tsawon kamu biyu, ƙaro ya rufe ta. An mayar da shi rumfa.

Kada ka yi murna. Na yi musu bayani har na gaji, ba wanda ya saurara. Sun ce shiruna ne ya tsaga jirgin. An raba shinkafar biki ba a ba ni ko loma ba. Pandu ya kwashe iyalinsa ya koma gidan surukansa. Jiya mun haɗu a hanyar rijiya, ya kawar da kai. Yana nan da ransa, na ga tafiyarsa da idona har ya sha kwana.

Shekara uku ina kwana ina tashi da wanda zan tsine wa. Yanzu ka karɓe mini shi. Ka gaya mini, wa zan tsine wa?

A'a, bar shi. Kada ka sake rubuto mini.

Allah ya ba ka lafiya.
Mwanaidi.